Damen Gonar Aro

Daga Allah muka zo, wurinSa za mu koma, Baba kuwa ya riga mu tafiya bana, a makon da aka buɗe lakwal, wato makarantar boko, hatsi ya ƙosa an fara yanka. Ina cikin aji a Malbaza wani direba ya leƙo ta taga ya faɗa mini. Kafin in samu motar Ƙonni, in sake neman amalanken da zai kai ni ƙauyenmu a hanyar Alela, an riga an kai shi makwancinsa. Ban ga fuskarsa ba, kuma abin yana ci mini rai har yanzu. Shi ya sa na zauna in rubuta abin da na sani game da shi, tun kafin masu ba da labari su gyara shi yadda ransu yake so.

Baba ba shi ya haife ni ba, ba mu haɗa jini ba ko ta nesa. Gona ce ta haɗa gidanmu da nasa, zan zo kanta.

Zaure bai ɗauki masu gaisuwa ba, sai da aka shimfiɗa tabarmi har gindin kurna. Wani tsohon Bafillace ya zo a ƙafa daga wajen Illela, ya durƙusa gaban ƙanen Baba ya ce, "Sau biyu ina shari'a gabanai, sau biyu shina kada ni. In da wani na, da ban taso ba." Akwai wani tsohon gardi, ɗan sandan zamanin Nasara, da ya zauna can gefe yana share hawaye da bakin rawani, yana faɗa wa duk wanda ya matso kusa cewa da hannunsa ya taɓa ɗaure marigayin. Akwai kuma wanda na ji yana raɗa wa na kusa da shi cewa ai mutumin Nasara ne, babu gwamnatin da bai ci da ita ba. Na san mai maganar, na san gonar da yake jin haushi a kanta. Da aka zagayo da goro shi ya fara miƙa hannu.

A cikin gida mata suna ta kuka, in ban da innata. Ta zauna jikin danga, ta miƙe ƙafafu, tana jan tasbi. Na lura duk wadda ta shigo, in ta gama gaida iyalan mamaci sai ta saci kallon Inna. Na san abin da ke bakinsu, domin garin duka ya san hatsinmu ya ƙosa, kuma kowa yana jiran ya ga inda dame ɗaya daga cikinsa zai nufa.

Ga yadda abin yake. Kakana ya gangaro daga Adar a wata shekarar yunwa, ba shi da ko taki ɗaya na ƙasa. Mahaifin Baba ya ara masa gona a bakin fadama, mai gawo uku a tsakiya. A wurinmu gonar ƙauye ba ta da takarda. Abin da ke nuna aro shi ne dame guda na hatsi da mai noma yake kai wa mai gona kowace kaka, a gaban mutane, a zuba shi cikin rumbu. Ba kuɗin haya ba ne, dame ɗaya me zai yi wa gida. Shaida ce. Muddin damen yana shiga rumbun, gona ta mai rumbun ce, shi ko magadansa suna iya karɓe ta ranar da suka ga dama. Kakana ya kai, babana ya kai har ya rasu, sannan Inna ta ɗauka. Wannan gonar ita ce abincinta, ita ce ta wana da matarsa da 'ya'yansa, ba su da wata.

Aikin Baba shi ne zama gefen alƙali a Ƙonni yana faɗa masa al'ada. Yadda ya samu wurin ma abin dariya ne. A zamanin Nasara kumandan, wato Baturen mulki, shi ne mai ƙara, shi ne alƙali, shi ne mai kurkuku. Wata rana aka kawo rigimar iyaka, wani na kusa da sarki yana neman cin gonar maƙwabcinsa, kumandan ya tambayi jama'a, kowa ya sunkuyar da kai. Baba yana saurayi lokacin, ya ce shi dai ya ga inda gambar da ke raba gonakin take bara, kuma ba nan take ba. Aka ɗaure shi babu shari'a, aka sa shi ɗaukar dutse a hanyar mota har sai da kumandan ya manta da shi. Wanda ya gaji wancan kumandan ya ji labarin, ya aika aka kira shi, ya ce mutumin da ke tuna inda ciyawa take shi yake nema. Baba yakan ce dutsen bai dame shi ba kamar kujerar, don ba a saba masa da zama ƙafafu na reto ba.

Da aka samu mulkin kai, Nasara ya tafi, ɗan ƙasa ya zauna a buro, ofishin da Nasara ya bari, muka ci gaba da ce masa kumandan. Shari'a aka raba ta da shi, aka kawo alƙali mai karatu, yaro ɗanye daga nesa, aka ajiye masa dattawa biyu a gefe. Baba na cikinsu. A shekarun nan ne siyasa ta yi zafi, 'yan jam'iyya mai alamar giwa suna farautar 'yan jam'iyya mai alamar raƙumi gida gida. Shugaban kwamitin jam'iyya na garinmu ya zo har zaure yana so Baba ya shaida cewa gonar wani maƙwabcinmu ba tasa ba ce, laifin mutumin kawai ya jefa ƙuri'a inda ba a so. Baba ya saurare shi har ya gama, sannan ya yi masa tambayar da yake yi wa kowa.

"Wa yag gani?"

Mutumin ya ce ai kowa ya sani. Baba ya ce bai tambayi wanda ya sani ba. Shekara biyu bayan haka ba a kira shi Ƙonni ba, ya zauna gida yana tufka igiya, har aka rasa mai warware wata rigimar rijiya aka sake aiko masa.

Wannan tambayar har ta zama abin tsokana a gari. In yaro ya zo da kuka ya ce an doke shi, sai uwarsa ta ce, to, wa ya gani. Ni ma na sha ta. Da na ci jarrabawar zama malama na zo da gudu na faɗa masa, ya dube ni ta ƙasan gira ya ce, "Wa yag gani, 'yar lakwal?" Sai da ya ga idona ya kawo ruwa sannan ya yi dariya ya ciro goro ya ba ni in kai wa Inna.

Ba ya cin abinci a gidan mai ƙara ko wanda ake ƙara, ko ruwa ba ya sha, da butarsa yake yawo. Ba ya yarda a kwatanta masa iyaka da baki, sai ya je da ƙafarsa ya bi gamba tushe tushe, ya tona ya ga wadda aka dasa jiya da wadda ta ga kakanni. Abin da ya fi ƙi a duniya shi ne shari'a ta kai ga rantsuwa da Alƙur'ani. Yakan wuni yana lallashin mutane biyu don kada a ɗauko shi, yana cewa bai taɓa ganin gidan da aka rantse a kansa ya sake gaisawa da maƙwabcinsa ba, ko mai gaskiyar ne.

Ba waliyyi ba ne, kada a ce na ce. Yana da taurin kai na fitar hankali, kuma yana da rowar yabo. Babban ɗansa ya girma, ya yi fatauci tsakanin Ƙonni da ƙetaren iyaka, ya gina masa ɗakin kwano, ban taɓa jin Baba ya ce masa madalla a gaban mutane ba. Ɗan yana da iyali da yawa, gonakin gado kuma sun tsufa, sun ƙanƙance da rabo. Ba mugu ba ne. Amma duk lokacin da ya bi ta bakin fadama yakan rage tafiya ya dubi gawon nan uku, kuma kowa ya ga yana duba.

A shekarun fari, akwai kakar da gonarmu ba ta ba da abin kirki ba. Inna ta bi ta tsinto 'yan zangarniyar da suka tsira, ta ɗaure wani abu siriri kamar tsintsiya, ta ɗora a ka ta kai. Ina biye da ita, kunya kamar ta kashe ni. Baba ya miƙe tsaye ya karɓa da hannu biyu kamar an kawo masa damen gaske, ya sa aka buɗe rumbu aka zuba, ya yi godiya mai tsawo. Washegari da hantsi matarsa ta shigo mana da ƙwarya cike da hatsi, ta ce iri ne Baba ya ce a ajiye masa a wurinmu. Mun san ba iri ba ne, ita ma ta san mun sani. Shi muka ci har aka fara rabon taimako.

Sai sojoji suka karɓi mulki. Ba a daɗe ba aka faɗa a rediyo cewa daga yanzu gona ta wanda yake nomanta ce. Wana ya yi ta murna, ya ce an gama kai dame har abada. Ƙasar kuwa ta rikice. Masu gona suka yi ta rige-rigen karɓe gonakinsu kafin damana, masu aro suka daina gaida su, gidan shari'a a Ƙonni ya cika har waje. Baba yana zaune yana gani. Ya gaya mini daga baya cewa duk da maganar rediyon, in an zo gaban alƙali tambaya ɗaya ake komawa gare ta, wato ko an ga dame ya shiga rumbu bara. In shaidu sun saɓa, sai a ɗauko Alƙur'ani.

Da kaka ta zo Inna ta zaɓi zangarniya mafi kyau ta ɗaure kamar kullum. Wana ya ƙi ɗauka, ta ɗauka da kanta. Ta tarar da Baba a ƙofar gida tare da ƙanensa da liman da wasu dattawa, ashe shi ya tara su. Ta sauke, ta durƙusa ta gaishe shi. Bai ce a buɗe rumbu ba.

"Uwar malama, ɗauki kayanki," in ji shi. "Gonag ga na ba ku ita, ni da ƙanena, kyauta har abada. Ga liman, ga jama'a, sun jiya. Kyauta ko ba ta da dame."

Duk wanda ke wurin ya ɗauka za ta yi godiya. Inna ta ɗago kai ta ce, "Baba, mi munka yi maka?"

"Ba ku yi komi ba."

"To ni ba ni cin gona da bakin rediyo. Uban mijina yay yi alkawali, mijina ya cika shi har yak kwanta. Ni ta za ta yanke shi? In ba ka son mu, ka hwaɗi."

Ya ce ba rediyo ba ce, shi ne. Ya ce, "Kujera guda, huluna uku nig gani bisa kanta, ta Nasara, ta 'yan siyasa, ga ta soja. Kowane da maganatai, in ya tashi ta bi shi. Ni ma tashi za ni yi. In damen ga na shiga rumbuna, ran da ba ni, ɗiyana na da hannu bisa gonarki, kuma gaskiya na gare su. Ba ni son a kai ki gaban Alƙur'ani ke da ɗana."

Ta ce ta ji. Ta miƙe ta bar damen a nan ta yi tafiyarta.

Kafin la'asar sai ga jakin Baba a ƙofarmu, dame a bayansa, Baba da kansa yana kora shi ta tsakiyar gari don kowa ya gani. Ya sauke ya juya, ko ruwa bai sha ba. Inna ta yi kwana da kwanaki ba ta gaishe shi ba, abin da ba ta taɓa yi ba. Na yi mata magana, na ce wannan ai alheri ne. Ta ce ni 'yar lakwal ce, ba zan gane ba. Ta ce mu baƙi ne a garin nan, ba mu da kabarin kakan kaka a nan, damen nan shi ne igiyar da ta ɗaure mu da gidan, in an kwance ta mun zama maƙwabta kawai. Na ji haushinta a lokacin, yanzu kuwa ina ganin ba ta faɗi ƙarya ba.

Haka suka riƙa yi kowace kaka. Ta kai, ya mayar. Har abin ya zama kallo, mata suna leƙowa ta danga in sun ji kofaton jakin. Bara ƙafafunsa sun riga sun yi nauyi, yana dogara sanda yana hutawa a kowace inuwa, amma bai wakilta kowa ba. Da ya sauke ya ce mata, "Ke dai kin hi ni taurin kai." Ta ce, "Wurinka nik koya." Suka yi dariya su biyu, shi ne ganin ƙarshe da na yi musu tare.

Bayan sadakar bakwai babban ɗansa ya aiko wa Inna gaisuwa cikin ladabi, ya ce a faɗa mata rumbun gidansu a buɗe yake kamar zamanin kakanni. Kowa ya gane saƙon. Kyautar Baba ta baki ce, in dame ya sake shiga rumbun a gaban mutane aro ya dawo, kuma babu jakin da zai mayar da shi. Wana ya yi rantsuwa, ya yi faɗa, ya ce zai kai ƙara Ƙonni. Ni na roƙi Inna har da kuka. Ta shiga gona ta zaɓi zangarniya mafi kyau, ta ɗaure dame babba, ta jingine shi a rumfa. Na koma Malbaza zuciyata ba daɗi, ina koyar da yara lissafi hankalina yana bakin fadama.

Ranar sadakar arba'in na iso da hantsi. Abin da na fara dubawa shi ne rumfa, babu dame, babu Inna. Na wuce gidan Baba ko mayafi ban gyara ba. Maza sun cika gindin kurna, malamai sun gama karatu, babban ɗan yana zaune kusa da ƙanen Baba, wana kuma yana can baya ya haɗe rai. Ban ga dame a ƙofar rumbu ba.

Can sai ga Inna ta ɓullo ta lungu, ƙwarya a kanta, mata biyu na maƙwabta suna biye da ita da tasu. Suka sauke a gaban dattawa, ta buɗe faifai. Gumba ce, fara tas, an dunƙula ta da kyau. Ashe tun jiya ta sussuke damen, ta sheƙe, ta surfe, da asuba suka daka.

Babban ɗan ya dubi ƙoren, ya dubi Inna, ya ce a hankali, "Inna, wanga na gona na?"

"Hatsin gonar na," in ji ta. "Na babanka na. Shi nika kai ma, ba rumbu ba. Tunda ba shi nan shi amsa, a raba ma jama'a, ladar ta iske shi."

Ƙanen Baba, wanda tun rasuwar ba a ji muryarsa sosai ba, ya gyara zama ya ce, "Dame bai shiga rumbu ba, bara bai shiga ba, bana bai shiga ba. Wa yag gani?"

Liman ya ce ya gani. Tsohon gardin ya ce ya gani. Aka riƙa faɗa ɗaya bayan ɗaya, ba da ƙarfi ba, kamar ana amsa addu'a. Babban ɗan ya sunkuyar da kai ya daɗe, sannan ya miƙa hannu ya ɗauki dunƙule ɗaya ya gutsura. Ya ce, "Ni ma na gani. Allah shi kai ladar." Ya ɗauki ƙwaryar da kansa ya fara zagayawa da ita. Ban taɓa jin ƙaunarsa ba sai ranar, kuma na so a ce Baba yana nan ya ce masa madalla ko sau ɗaya.

Allah Ya jiƙan Baba, Ya yalwata masa makwanci, Ya sa ya tarar da shaidu masu faɗin abin da suka gani. Gonar tana hannun wana, gawo ya fara fid da ganye.

Da muka taso, ni da Inna muka biyo hanyar da jakin yake bi, ƙoren babu komai a cikinsu. Tun ranar rasuwar ban ga hawayenta ba. Muna isa ƙofar gida ta tsaya ta dubi wurin da yake sauke damen, ta daɗe tana dubawa, sannan ta ja bakin zane ta rufe fuska.

"Bana dai bai maido ba," in ji ta.